Wa Ke Gaba Da Wa? Shari'ar Ƙarin Girma A Aikin Gwamnati

A hutun ƙaramar sallar da ta wuce na je gaida wani baffana, tsohon ma'aikacin gwamnatin jiha wanda ya ajiye aiki shekarun baya. Bayan mun gaisa an taɓa hirar gida, sai ya aiki jikansa ya ɗauko masa wata tsohuwar jakar fata daga ƙarƙashin gado. Na san jakar, na kuma san abin da ke cikinta, domin ba ranar ya fara nuna mini ba. Fayil ne mai kauri, cike da takardun koke, da kwafin wasiƙun da ba a taɓa amsawa ba, da takardun ɗage zaman kotu. Ya zaro takarda guda ya miƙo mini, ya ce, "Malam, kai da kake koyar da yara a jami'a, duba mini nan ka gaya mini, wace rana ce aka ƙara mini girma?"

Takardar tana ɗauke da ranaku biyu. A samanta akwai ranar da aka buga wasiƙar, cikin watan Nuwamba. A cikin jikinta kuma an rubuta cewa ƙarin girman zuwa mataki na 14 ya fara aiki ne daga 1 ga Janairun shekarar da ta gabata. Tsakanin ranakun nan biyu akwai kusan wata 23. Duk wanda ya taɓa aikin gwamnati ya san wannan ba baƙon abu ba ne: takardar ƙarin girma takan makara, amma lissafin yana komawa baya. To, da ma'aikatarsu ta sauya ofis, fayil ɗin baffa ya ɓata. Aka buɗe masa na wucin gadi, akawun da ya cika shi kuma ya ɗauki ranar da ke sama ya bar ta ciki. Da lokacin jarrabawa ya zo aka ce shekarunsa a kan matakin ba su cika ba, ba a aika da sunansa ba. Mutum biyu da shi ya koya musu yadda ake rubuta bayani a fayil suka zauna jarrabawar suka ci, ɗaya daga cikinsu kuma ya zama mai gidansa a ofis.

Ya rubuta koke, ya sake rubutawa, ya bi ta hannun shugaban sashe kamar yadda ƙa'ida ta ce. Sai da ya shekara yana jira kafin ya je wurin lauya. A kotu kuwa ba a ko buɗe takardar nan mai ranaku biyu ba. Lauyan gwamnati ya miƙe ya ce ƙarar ta makara, aka shiga jayayya a kan wannan, ana ɗagewa ana dawowa, har shekara 35 ta cika masa a aiki.

Na kawo labarin baffa ne domin irinsa shi ne mafi yawa, ko da yake ba shi jaridu ke bugawa ba. Idan aka ce rikicin ƙarin girma, hankalin mutane yakan tafi wurin manyan sakatarori da manyan 'yan sanda. Amma a kowace sakatariya, daga Abuja har hedikwatar ƙaramar hukuma, akwai mai irin wannan jaka. Ra'ayina, bayan na daɗe ina bibiyar lamarin, shi ne mun ɓata shekaru muna muhawara a kan tambayar da ba ita ce mai muhimmanci ba. Muna ta tambaya ko ƙarin girma haƙƙi ne ko gata. Abin da ya fi cutar da ma'aikaci shi ne a hana shi shiga layin waɗanda za a duba, a ƙi gaya masa dalili, sannan lokaci ya cinye shi kafin wani ya saurare shi.

Bari mu fara da yadda tsarin yake a takarda, domin a takarda ba shi da laifi sosai. Tun bayan rahoton Kwamitin Udoji na 1974 aka jera ma'aikata a kan matakan albashi daga 01 zuwa 17. A ƙa'idojin aikin gwamnatin tarayya, waɗanda yawancin jihohi suka kwaikwaya, ƙaramin ma'aikaci da ke mataki na 06 zuwa ƙasa yana bukatar aƙalla shekara 2 a kan mataki kafin a duba shi. Daga mataki na 07 zuwa na 14 shekara 3 ce, daga na 15 zuwa sama kuma shekara 4. Cikar shekarun nan ba ita ce ƙarin girma ba, izinin shiga jarrabawa ne kawai. Bayan an ci jarrabawar ma sai akwai gurbi. Mutum na iya ci a bana a ce babu gurbi, ya sake zama baɗi ya sake ci a sake cewa babu gurbi. A bayan duk wannan kuma akwai agogon da ba ya tsayawa: shekara 60 da haihuwa ko 35 a aiki, duk wadda ta riga zuwa.

Shi kuwa fifikon daɗewa, wanda a ofis ake ce wa siniyoriti, ƙa'ida ta ɗaura shi a kan ranar kama aiki kamar yadda jami'in da aka ba izini ya tabbatar a rajista. Mai karatu ya lura da wannan da kyau. Makomar mutum ta shekara 35 tana rataye ne a kan abin da wani akawu ya rubuta da biro a wani littafi da mai yiwuwa gara ta fara ci. Sai bango ya tsage ƙadangare ke samun wurin shiga, kuma babu tsagewar da ta kai ta rajista faɗi a aikin gwamnati.

Yanzu sai kotu. Akwai hukuncin da duk ɗalibin shari'a ya sani, na Shitta-Bey da Hukumar Kula da Ma'aikatan Gwamnatin Tarayya, wanda Kotun Ƙoli ta yanke a 1981. Mutumin lauya ne a Ma'aikatar Shari'a ta Tarayya, aka yi masa ritayar dole, babbar kotu ta ce matakin haramtacce ne, amma hukumar ta ƙi mayar da shi. Kotun Ƙoli ta tilasta mata, ta kuma kafa ƙa'idar da har yau ake tafiya a kanta: ma'aikacin gwamnati ba baran gida ba ne da za a kora idan an ga dama, domin ƙa'idojin aikinsa daga tsarin mulki suka samo ƙarfi, kuma dole hukuma ta bi su. Darajar wannan hukunci tana ƙara fitowa idan aka tuna cewa shekara 6 kacal kafin nan, a 1975, gwamnatin Janar Murtala Muhammed ta sallami ma'aikata fiye da 10,000, da yawansu ba tare da an saurare su ba. A 1985 kotun ta sake jaddada ƙa'idar a shari'ar Olaniyan da Jami'ar Legas.

Sai dai waɗannan hukunce-hukunce sun kare ma'aikaci ne daga kora. Da aka zo kan ƙarin girma, kotunanmu sun ɗauki wata hanya dabam. Sun sha maimaita cewa ƙarin girma gata ne ba haƙƙi ba, ba ya zuwa don kawai shekaru sun cika, kuma alƙali ba zai zauna a kujerar hukuma ya zaɓa mata wanda ya cancanta ba.

A gaskiya ban ga laifin wannan matsayi ba idan aka tsaya a iyakarsa. Alƙali bai san wane injiniya ne ya fi iya duba gada ba, bai san wane jami'in kuɗi ne ake iya bar wa baitulmali a yi barci ba. Da kotu ce ke rabon muƙamai da aikin gwamnati ya tsaya cik, kowa na jiran hukunci. Inda matsalar take shi ne yadda aka mayar da wannan magana garkuwa. Da zarar ma'aikaci ya yi ƙorafi sai a jefa masa ita: ai gata ne. An ɓatar da fayil ɗinsa, gata ne. An cire sunansa domin ya ƙi sa hannu a wata takardar kwangila, gata ne. An kawo wani daga waje an ɗora a kansa ba tare da an bi ƙa'idar sauyin wurin aiki ba, gata ne. Alhali abu biyu ne mabambanta a nan. Ba wanda yake da haƙƙin a ce lallai shi za a ba kujera. Amma duk wanda ya cika sharuɗɗa yana da haƙƙin a sa shi cikin waɗanda za a auna, a kuma auna shi da mudun da aka auna sauran.

Wannan bambanci ba ni na ƙirƙiro shi ba. Indiya, wadda muka gaji tsarin aikin gwamnati iri ɗaya da ita daga Turawan Ingila, ta daɗe da warware shi. Kotun Ƙolin ƙasar, musamman a shari'ar Ajit Singh ta 1999, ta bayyana cewa ko da yake ba wanda ke da haƙƙin ƙarin girma, haƙƙin a duba mutum domin ƙarin girma yana cikin manyan haƙƙoƙin da sashe na 16 na tsarin mulkinsu ya ba kowane ɗan ƙasa, sashen da ya yi maganar daidaiton dama a aikin gwamnati. Tun 1985 kuma suka kafa kotu ta musamman domin ƙorafe-ƙorafen ma'aikatan gwamnatin tsakiya. Ba cewa nake yi sun huta ba. Shari'o'in wa ke gaba da wa, tsakanin waɗanda aka ɗauka kai tsaye da waɗanda suka taso daga ƙasa, sun cika kotunansu maƙil. Sun kuma ɗanɗani tsallake a ƙololuwa: a watan Afrilun 1973 gwamnatin Indira Gandhi ta naɗa Mai Shari'a A. N. Ray Alƙalin Alƙalai, ta tsallake alƙalai uku da ke gabansa, dukansu ukun suka ajiye aiki. Amma aƙalla ƙaramin ma'aikacinsu ya san sunan abin da zai nema idan ya je gaban alƙali.

Mu ma ba mu rasa madogara ba. Gyara na uku da aka yi wa tsarin mulkin 1999, wanda ya fara aiki a 2011, ya ɗaga Kotun Ma'aikata ta Ƙasa zuwa sahun manyan kotuna, sashe na 254C kuma ya keɓe mata duk wata shari'a da ta shafi aiki da ma'aikata. Ya ba ta ikon duba abin da ya kira rashin adalci a mu'amalar aiki, ya kuma yarje mata ta yi la'akari da kyawawan ƙa'idojin da duniya ke bi. Da wannan iko kotun ta fara nuna cewa idan aka hana mutum ƙarin girma saboda ƙeta ko ramuwar gayya, kalmar gata ba za ta hana ta shiga maganar ba. Tana da rassa a Kano da Kaduna da Sakkwato da Bauchi da wasu biranen, tana kuma da cibiyar sulhu. Ci gaba ne na gaske, kuma ya kamata ma'aikata su san da shi.

To amma ga inda gizo ke saƙar. Akwai tsohuwar doka tun ta zamanin mulkin mallaka, Dokar Kare Jami'an Gwamnati, wadda jihohi ma suke da irinta. Ta ce duk wanda zai kai ƙarar jami'in gwamnati a kan abin da ya aikata a bakin aikinsa, to ya shigar da ita cikin wata 3. A ɗaya gefen kuma ƙa'idojin aiki sun umarci ma'aikaci ya bi matakan koke na cikin gida, ta hannun shugabanninsa, kafin ya fita waje. Duk wanda ya taɓa aika takarda daga tebur zuwa tebur a sakatariya ya san wata 3 ba ya isar ta ta hau bene ɗaya. Idan ya garzaya kotu da wuri a ce ya yi gaggawa, a kuma sa masa ido a matsayin mai taurin kai. Idan ya yi biyayya ya jira a ce ya makara. Daga baya Kotun Ƙoli ta yanke cewa wannan doka ba ta shafi yarjejeniyar aiki ba, ma'aikata suka yi murna, amma hukunce-hukuncen da suka biyo baya ba su tafi da murya ɗaya ba, har yau kuma lauyoyin gwamnati da ita suke fara buɗe baki. Wannan rami ne baffa ya faɗa.

Ko an tsallake ramin, akwai ɗaukaka ƙara. Tun hukuncin Kotun Ƙoli na 2017 a shari'ar bankin Skye da Iwu aka tabbatar cewa ana iya kai hukuncin Kotun Ma'aikata gaban Kotun Ɗaukaka Ƙara, wadda ita ce ta ƙarshe a irin waɗannan shari'o'i. Gwamnati ba ta gajiya da ɗaukaka ƙara, domin ba daga aljihun jami'in da ya yi kuskuren ake biyan lauya ba, kuma gwamnati ba ta yin ritaya. Ma'aikacin da ya shiga kotu yana da shekara 54 yana iya samun nasara yana da 61. A ba shi ƙarin girma na takarda, a ce a biya shi ariyas, amma kujerar da ya nema wani ya zauna a kanta har ya tashi. Ihu bayan hari ke nan, ko da an yi shi da hatimin kotu.

Kada mai karatu ya ɗauka rikicin kwanan wata na ƙananan ma'aikata ne kawai. A rundunar 'yan sanda akwai jami'an da suka shiga aiki a matsayin kurata, daga baya suka yi karatu suka sami digiri, aka sake ɗaukar su horon manyan jami'ai. Wace rana ce ranar kama aikinsu, ta farko ko ta biyu? A 2017 Hukumar Kula da Ayyukan 'Yan Sanda ta amince a lissafa musu daga ta biyu. A watan Janairun 2025 hukumar nan dai ta janye wannan matsayi, ta ce ya saɓa wa ƙa'idojin aikin gwamnati, ta umarci duk wanda ya haura shekara 35 a aiki ko 60 da haihuwa ya tafi gida nan take. Waɗanda abin ya shafa suka nufi Kotun Ma'aikata. Ba ina yanke hukunci a kan wane ne ke da gaskiya ba. Abin da nake nunawa shi ne hukuma ɗaya ta ba tambaya ɗaya amsa biyu cikin shekara 8, mutane kuma sun gina rayuwarsu a kan amsar farko. Abin ya ƙara ɗaukar zafi ne saboda watanni kaɗan kafin nan, a 2024, Majalisar Tarayya ta gyara dokar 'yan sanda domin Sufeto Janar ya cika wa'adinsa na shekara 4 ko da ya kai shekarun ritaya. Na ƙasa yana kallo, yana kuma lissafi.

Haka nan al'adar da ta kafu a rundunonin tsaro, cewa idan aka naɗa na baya shugaba sai duk waɗanda ke gabansa su tafi. Da aka naɗa Ibrahim Idris Sufeto Janar a 2016 yana mataimakin sufeto janar mai daraja ta biyu, manyan jami'ai fiye da 20 suka bar aiki. Ƙasa ta kashe dukiya wajen horar da su, aka sallame su a mako guda, ba don sun yi laifi ba sai don kada su sara wa wanda ya taɓa sara musu.

Babban misalin yadda gwamnati da kanta ke haifar da ƙararraki shi ne dokar wa'adi. A 2009, zamanin marigayi Umaru Musa 'Yar'aduwa, lokacin Stephen Oronsaye yana Shugaban Ma'aikata, aka fito da tsarin cewa babban sakatare zai yi shekara 4, ana iya sabunta masa sau ɗaya, darakta kuma zai yi ritaya bayan shekara 8 a kan muƙamin ko da bai kai 60 ba. Hujjar ita ce wasu sun daɗe a saman bene sun toshe matakala, na ƙasa suna tsufa a mataki na 15 da 16. Hujja ce mai ƙarfi. Amma an yi ta ƙorafi, musamman a Arewa, cewa tsarin ya fi faɗa wa waɗanda suka hau muƙami da ƙuruciya, kuma an sauya musu sharuɗɗa ne ana tsakiyar tafiya. A 2016 gwamnatin Muhammadu Buhari ta dakatar da tsarin. A watan Yulin 2023 ya dawo cikin sababbin ƙa'idojin aiki. A cikin shekara 14 an kafa, an dakatar, an mayar. Daraktoci biyu masu tarihin aiki iri ɗaya, ɗaya ya tafi gida da wuri ɗaya ya cika shekarunsa, bambancinsu kawai shekarar da wa'adin kowannensu ya faɗo. Wane lauya ne zai ga wannan bai ga abinci ba?

Akwai kuma tsofaffin miyakun da ba su warke ba. Mai babbar difiloma da mai digiri suna iya yin aiki ɗaya a ofis ɗaya, amma layin da aka saba ɗora na farkon a kai yana ƙarewa ne a mataki na 14, sai ya nemi ƙarin takarda ya sauya layi, kuma wurin sauyin ne ake yawan asarar shekaru. Majalisa ta zartar da ƙudirin soke wannan bambanci a 2021, ba a sa masa hannu ba. Ga kuma batun raba-daidai. Tsarin mulki ya wajabta a yi la'akari da shi wajen naɗa manyan sakatarori, shi ya sa ake kiran daraktocin jihohin da ke da gurbi ne kawai su zauna jarrabawar. Ina cikin masu ganin ƙasa irin tamu ba za ta zauna lafiya ba sai kowane yanki ya ga nasa a cikin gwamnati, kuma mu 'yan Arewa mun fi kowa sanin dalilin da ya sa Sardauna ya dage a kan cusa 'ya'yan yankin cikin aiki tun kafin samun 'yanci. Duk da haka gaskiya ce cewa darakta na iya fin kowa daɗewa da ƙwarewa ya yi ritaya bai taɓa samun damar zama jarrabawar ba, don kawai ɗan jiharsu yana kan kujerar. Wanda aka yi wa haka ya cancanci aƙalla a gaya masa gaskiya tun da wuri.

A nan ya kamata in faɗi inda na tsaya a kan tsohuwar gardamar daɗewa da cancanta. Mu Hausawa mun taso da girmama na gaba. Mukan ce abin da babba ya hango, yaro ko ya hau rimi ba zai hango shi ba. Akwai gaskiya a ciki, amma kowa ya san ma'aikacin da ya shekara 30 yana maimaita shekara ɗaya. Ɗalibaina, waɗanda yawancinsu ke mafarkin aikin gwamnati, sukan ce a yi watsi da daɗewa a bi cancanta zalla. Nakan tambaye su: wa zai auna cancantar? Daɗewa, duk da aibinta, tana da wata fa'ida guda, ita ce ana iya ƙirga ta. Ba ta san ɗan wane ba, ba ta san wanda ke kai gaisuwa gidan kwamishina ba. Cancanta kuwa, a inda ma'auni ya lalace, takan zama sunan da ake raɗa wa son kai. Mun ga yadda fom ɗin auna ƙwazo na shekara-shekara ya koma wasa, kowa na samun maki mai kyau, har gwamnatin tarayya ta ce za ta maye gurbinsa da sabon tsarin auna aiki. Saboda haka ma'aikacin da ya rungumi siniyoriti ba lallai rago ba ne. Sau da yawa mutum ne da bai yarda da alƙalan gasar ba, kuma yana da dalili.

Mu ma a jami'a ba mu tsira ba, kada a ce na tsaya a kan tudu ina nuna wasu da yatsa. Na taɓa zama a kwamitin duba takardun ƙarin girma na sashe, na ga yadda ake aika rubuce-rubucen malami wurin masu tantancewa na waje su shekara biyu ba labari, na ga yadda rabin maki a kan wata mujalla ke raba abokan shekara 20. Na kuma lura da wani abu: duk wanda muka zaunar muka nuna masa makinsa, muka ce ga inda ka gaza, yakan yi fushi ya tafi ya dawo baɗi da shirinsa. Wanda ya tafi wurin lauya kusan kullum shi ne wanda ya ji labari a bakin masinja.

Gyaran da nake gani ba ya bukatar sabuwar hukuma ko kwamitin shugaban ƙasa. Kowace ma'aikata ta riƙa liƙa jerin ma'aikatanta a farkon shekara, da ranar kama aikin kowa da ranar ƙarin girmansa na ƙarshe, a ba da wata guda domin duk mai ƙorafi ya kawo takardarsa a gyara. Da an yi haka, da kuskuren akawun nan bai kwana biyu ba. A bayyana yawan gurabe kafin jarrabawa, ba bayanta ba. Wanda bai samu ba a ba shi makinsa da dalili a rubuce. Dokar 'Yancin Samun Bayanai ta 2011 ma ta isa hujja a kan cewa bayanin da ya shafi mutum ba asiri ba ne a gare shi. A sa wa hukuma wa'adin amsa koke, idan ya wuce ba ta amsa ba a ɗauka ta ƙi, kuma lissafin wata 3 ya fara daga ranar, ba daga ranar da aka yi kuskuren ba. Wannan na ƙarshe aikin majalisa ne, kuma layi biyu ne a doka. Ƙungiyoyin ƙwadago, da suke iya rufe ƙasa a kan mafi ƙarancin albashi, ban taɓa jin sun yi zanga-zanga a kan rajista ba, alhali a can ake yanka 'ya'yansu ɗaya bayan ɗaya.

Ga ma'aikacin da ke karanta wannan shafi kuma, shawarata ita ce ta baffa, wadda ya koya a makare. Ka ajiye kwafin kowace takarda a gida, tun daga ta kama aiki har ta tabbatarwa da ta kowane ƙarin girma. Idan ka kai koke ka tabbata an buga maka hatimin karɓa da kwanan wata a kan kwafinka. Ka nemi ganin abin da aka rubuta a kanka a rajista tun ba ka da matsala da kowa. Akwai Hukumar Karɓar Ƙorafe-ƙorafen Jama'a, wadda aka kafa tun 1975, tana da ofis a kowace jiha, ba a kuma biyan ko kwabo. Idan kuma ka ga wata na biyu ya shiga ba amsa, ka ga lauya, ko da ba ka yi niyyar shiga kotu ba.

Na karanta wa baffa takardarsa, na ce masa ranar 1 ga Janairu ce, kamar yadda ya sani tun farko. Ya gyaɗa kai ya mayar da ita cikin fayil. Haƙƙoƙinsa na ritaya a kan mataki na 14 aka lissafa su. Wanda ya zama mai gidan nasa ya yi ritaya yana darakta, kuma suna haɗuwa a masallacin Juma'a su gaisa, domin baffa ya ce yaron ba shi ya cika fayil ɗin ba. Da zan tafi ya ba ni takardar ya ce in yi masa kwafi uku a cikin gari, tawadar ta fara dushewa, kuma lauya ya ce an sa musu rana bayan babbar sallah.